Sha-Haske a Ramin Almu

Duk wanda ya zauna a unguwar Wambai a shekarun da gwamnati ta ce za ta ɗauki sunan garinmu ta ba sabon birnin tarayya ya san Almu marini. Katanga ɗaya ta raba gidana da nasa, don haka abin da zan faɗa ba a kasuwa na tsinto shi ba.

Atamfar kamfani ce ta kashe masa sana'a. Aka daina kawo rini, ramukansa suka bushe har kaji na ƙwai a ciki. 'Yan kwangila sun fara cika gari da motoci, shi kuwa tuwo ya gagari gidansa. Abu ɗaya ya rage mai sa shi dariya, 'yarsa tilo. Sunan mahaifiyarsa ta ci, Hauwa, saboda haka kunya ba ta taɓa barin bakinsa ya furta shi ba. Haske yake ce mata, unguwa ma ta bi bakinsa.

Na ce ya bi 'yan kwangila leburanci. Ya ce shi ɗan gado ne, ba zai ɗauki kwanon siminti ba. Ashe an riga an yi masa kwatancen Tanko, wani boka a bayan duwatsun Garam.

Almu ne ya ba ni labarin da bakinsa. Da rana tsaka ya isa. Bukkar bokan ba jinka, rana na dukan cikinta, amma ciki duhu ne kamar an kife tukunya. A ƙofa ga ƙahonin awaki da busasshen jini, ga matattun fitilun aci-balbal jere. Tanko ya kunna ɗaya, ya buɗe wani ɗan tandu, ya zazzago baƙaƙen ƙwayoyi a tafinsa, ba su kai tsabar gero ba. Harshen wutar ya karkata wajensu, ya sirance, suka zuƙe shi. Lagwani na ta hayaƙi da zafi, hasken ne kawai babu.

"Sha-haske ke nan," in ji Tanko. "Zuba su a ramin rininka. Baƙin da zai fito, ido bai taɓa ganin irinsa ba."

"Me zan biya, Baba?"

"Ni ba na karɓar komai. Su za ka ciyar. Duk abin da bakinka ya kira haske a gidanka, nasu ne."

"Fitila? Su shanye. In dai yarinyata za ta ci ta ƙoshi, mu zauna a duhu."

"Ka ji abin da na ce kuwa?"

"Na ji."

Bai ji ba. Yunwa ta toshe masa kunne.

Rawanin farko da ya tsamo, ko ninkinsa ba a gani don baƙi. Kafin damina ta zagayo, fatake daga Bida da Zariya na layi a ƙofarsa. Ya yi rufin kwano, ya sayi babur da rediyo, ya daina amsa gaisuwata da kyau. Ƙwayoyin kuwa suna ta haihuwa a ramin.

Fitilun gidan suka fara mutuwa. Sai wutar murhu, tana dafa tuwo amma ba a ganin ta. Sai tsakar gida ta koma kamar magariba alhali hantsi ne. Matarsa Sailuba ta yi roƙo ta yi kuka ya cike ramin, ya ƙi. Ta ɗauki ƙwarya za ta kwashe ruwan da kanta, hannun ya yi baƙi har kafaɗa. Ba ta ga Jumma'a ba.

Bayan sadakar bakwai, ina jin sa ta katanga da safe yana cewa, "Haske, miƙo min buta."

Yarinyar ta fito tana laluben bango. "Baba, ai gari bai waye ba."

Alhali rana ta riga ta fito. A nan ne maganar Tanko ta shiga kunnensa.

Ya hau babur sai Garam, ya zube gaban boka. "Ka karɓi gidan, ka karɓi idanuna, ka bar min ita."

"Ba su san mutum ba, suna suka sani," in ji Tanko. "Kai ta bakin ramin, ka kira ta da sunanta na yanka. In da saura, za su sake ta."

Duk hanya yana koya wa harshensa sunan uwarsa. Ya iske jikin yarinyar ya yi sanyi, numfashi sama-sama. Ya sungume ta zuwa bakin ramin, muka bi shi, ni har ina raɗa masa sunan. Ya buɗe baki zai kira ta. Daidai nan wuyanta ya langaɓe zai faɗi, tsoro ya riga shi magana.

"Haske!"

Ruwan ramin ya motsa sau ɗaya, ya kwanta, yarinyar ta cika a hannunsa. Ban taɓa jin tausayin ɗan Adam kamar na ranar ba.

Mun cike ramin da duwatsu, gidan ya zama kango, ba mai shiga. Kai da ka matsu, kake jin ana kwatancen wani a bayan dutse, ka zauna da talaucinka, wallahi ya fi. Boka ba ya ɓoye farashi, kwaɗayi ne ke hana ka ji. In kana shakka, bi hanyar Madalla. Za ka ga wani mahaukaci da tsumman baƙin rawani yana tare motoci, yana leƙa kowace taga yana kira, "Hauwa, Hauwa." Yanzu sunan ba ya yi masa nauyi.