Tayoyin Baba

"Ki cire sunan filin Baba daga rahoton nan."

Ko sallama bai yi ba ya faɗo ofishina. Mutumin da saura wata biyu a ɗaura mana aure, wanda kullum yake tsokanata da Likitar Sauro, yau ya ƙi kallon fuskata.

Aikina bin diddigin cuta ne. Duk wanda zazzaɓi ya kwantar a asibiti, sai in nemo gidansu in ɗiga jan biro a taswira. Cikin sati uku ɗigo goma sha bakwai suka kewaye filin da mahaifinsa yake tara tsofaffin tayoyi. Da hannuna na ɗebi ruwan saman da ya kwanta a cikinsu, 'ya'yan sauro suna ta wutsil-wutsil a kwalba.

"Masoyina, zauna mu yi magana..."

"Ba zama ya kawo ni ba. Ɗaya daga cikin ɗigon naki 'yar Yaya ce, yau kwana tara da binne ta. So kike a ce Baba ne ya kashe jikarsa?"

"Ban rubuta haka ba."

"Haka unguwa za ta karanta."

Yarinyar nan a cinyata take barci in na je gidansu. Kuma sau biyu ina durƙusa wa Baba a kan tayoyin nan, ya yi dariya ya ce, "'Yata, shekara talatin ina sana'ar nan, sauro bai taɓa kai ni ƙara ba."

Na ce, "Yanzu haka yara huɗu suna kwance. In na cire sunan, babu mai zuwa feshi, babu mai kwashe tayoyin."

"Ni kuma fa?"

Na ɗauki birona. Yana fita na sa hannu a rahoton.

Aka kwashe tayoyin, aka yi feshi, zazzaɓin ya lafa. Yaran huɗu duk suka tashi. Baba kuwa ya daina fita ko ƙofar gida, don maƙwabta sun daina amsa gaisuwarsa. Yaya, uwar yarinyar, ta kwashe kayanta ta bar masa gidan.

Bayan wata guda na tarar da masoyin nawa da safe a bakin ofis, ya rame har wuyan rigarsa ya yi masa yawa.

"Kina da gaskiya," ya ce a hankali. "Na sani, Umma ma ta sani. Amma in aka ambaci sunanki, Baba juya fuska yake ya kalli bango. Ba zan iya kai ki gidan nan ba."

"To da yaya kake so in yi?"

"Abin da kika yi." Idonsa ya kawo ruwa. "Da ma dai wani ne ya gano, ba ke ba..."

Ya juya ya tafi, ban kira shi ba. Na shiga banɗaki na yi kukana, na wanke fuska, don ƙarfe goma akwai taron da za a tafa min saboda shawo kan zazzaɓin.