Jiaozin Sallama

Mai na tsartsatsi a kasko lokacin da Fengjiao ta matso daf da kunnen Ruolan, tana murmushin da ba na alheri ba.

"Wato Yaya Dehai bai gaya miki ba?"

Hannun Ruolan duk gari ne. Awa biyu ke nan da saukarta a Weifang, zuwanta na farko gidan su Dehai, saurayin da ta shekara uku tana mutuwar sonsa. 'Yar kudu ce, da shinkafa ta tashi, ba ta taɓa naɗe jiaozi, 'yan ƙunshin fulawar nan masu nama a ciki, ba sai yau. Da mahaifiyar Dehai ta kira ta madafi ta ce a murza fulawa, a daddatsa naman alade da kabeji da ɗanyar citta, saura kaɗan ta yi hawaye don murna. Baiwar Allah, ta ɗauka an karɓe ta ne.

Fengjiao kuwa 'yar maƙwabta ce, wadda tsohuwar ta daɗe tana yi wa ɗanta tanadinta. Ita ta warware mata zancen, a hankali, tana jin daɗin kowace kalma. A nan arewa, baƙon da ake so taliya ake dafa masa ran da ya sauka, doguwa, don zamansa ya yi tsawo. Jiaozi na mai tafiya ne, sai ran sallama.

"Ke kuwa ko jakarki ba ki kwance ba..."

Ruolan ta juya ta dubi tsohuwar, wadda ke jera jiaozin a kasko ɗaya bayan ɗaya. Ta zuba ruwa kaɗan, kaskon ya yi cuuu, ta kife murfi.

"Gwaggo, gaskiya ne?"

Tsohuwar ko ɗago kai ba ta yi ba.

"Matse bakin wancan da kyau, 'yar nan. Na hannunki duk buɗewa suke yi."

Wannan bai ƙona mata rai ba kamar abin da ya faru a kan tebur. Dehai ɗan gidan ne, ya san ma'anar farantin da aka dire a gabanta. Ta ga kunnuwansa sun yi ja. Ta zuba masa ido tana jiran kalma ɗaya, ko da "Mama, ba yau ba" ce. Sai ya ɗauki tsinkayen cin abinci, ya tsoma guda a ruwan tsami, ya kai baki. Ya ƙara wani. Har da cewa sun yi daɗi, har da ɗora mata ɗaya a kwanonta.

Jirgin ƙasan yamma ta bi ta koma Qingdao, inda suke aiki su biyun. A tasha ya riƙe hannunta yana ta ba ta haƙuri, wai tsohuwa ce, wai al'adar mutanen da ce, wai a bi ta sannu. Tambaya ɗaya ta yi masa.

"Tun da ka ga an ɗauko fulawa ka sani, ko?"

Ya sunkuyar da kai.

Mako uku ba ta ɗaga wayarsa ba. A mako ukun nan kullum sai ta sayo nama da kabeji, ta murza, ta naɗe, ta soya, ta rarraba wa maƙwabta. Tana yi tana kuka, don son nasa bai ragu ba ko kaɗan, kuma shi ne abin takaicin.

Ran Asabar da hantsi ta ce ya zo. Ya iso da furanni, ya rame, bakinsa cike da albishir: mahaifiyarsa ta fara saukowa, Fengjiao kuma ai ƙanwa ce kawai. Da ya ji ƙamshi daga madafi sai fuskarsa ta washe.

"Hasken idona, kin huce ke nan?"

Ta shiga madafi. Ta ɗaga murfi, ta jira ruwan ya ƙone, ta kife kaskon a faranti. Gindin jiaozin ya soyu jawur, yana ƙus-ƙus. Ta dire a gabansa da tsinkaye na mutum ɗaya.

Ya dubi farantin. Ya dube ta. Murmushin ya gudu.

"Ruolan... don Allah. Ki dafa min taliya."

"Ci da zafinsu. Ai ka iya ci ka yi shiru."

Wannan karon ko ɗaya bai iya haɗiyewa ba. Ya daɗe a zaune, sannan ya miƙe, ya bar furannin a kan kujera. Ta tsaya tana jin takunsa a matakala har ya ɓace.

Sai ta jawo farantin, ta ɗauki ɗaya ta gutsira a tsaye, hawaye na zuba. Sun fi na mahaifiyarsa daɗi nesa ba kusa ba. Ta juya su ɗaya bayan ɗaya tana dubawa, babu ko guda da bakinsa ya buɗe.