Sammacin da Ya Kwana a Aljihun Suruki

Hussaina na tankaɗen gari a gidan kawunta Ɗan Baba, nan Madarumfa, ya shigo yana huci.

"Gobe sai jastis, gaban alƙali! Wata biyar ba hatsi ba sabulu, ga ki da goyo? A yanka masa ciyarwa, in ya kasa ya sake ki."

"Kawu, Al'amin ba haka yake ba."

"To yaya yake? Ya tafi cirani Najeriya ya mance hanyar gida!"

Ta ci gaba da tankaɗenta. Yunwa ce ta koro ta daga gidan mijinta, amma tambaya ta fi yunwar cin ranta: mutumin da yakan tako daga garinsu Gabi cikin ruwan sama don ya gan ta, me ya juya shi?

Washegari suka kai ƙara, aka aika wa Al'amin sammaci gidansu. Ranar zama, surukinta Malam Tanko ne ya bayyana gaban alƙali.

"Ina mijin?"

"Ni na haife shi, ranka ya daɗe. Bakina nasa ne."

"Ya ga sammacin?"

Tsohon ya zaro takardar daga aljihu, tana nan a ninke. "Ba a tada yaro daga nema saboda ƙorafin mata."

"Ni kuma ba na yanke wa mutum hukunci bai ji ba. Mako biyu, a kira shi."

Ɗan Baba ya fita yana sababi, wai an ci amanar marainiya.

Ranar da aka sa, Al'amin ya zo a rame. Alƙali ya ce Hussaina ta yi bayani, sai ta ja mayafi ta sunkuya. Mace ba ta kai ƙarar ɗa a gaban ubansa. Alƙali ya gane, ya roƙi dattawan su jira waje.

Nan hawaye suka zubo mata. "Ko ƙwayar gero ban gani ba."

"Buhu huɗu na aiko!" in ji Al'amin. "Hannun babana, yadda kowane ɗan gandu ke yi. In na kira wayarsa, sai ya ce kowa lafiya."

Aka dawo da Malam Tanko. Bai musa ba.

"Suna rumbun gandu. Ba a buɗe shi sai ruwan shuka ya sauka. Haka na tarar."

"Jikanka fa, shi ma ya jira ruwan shuka?"

Tsohon ya daɗe yana duban goyon.

Alƙali ya hukunta: daga yau rabon Hussaina hannunta zai riƙa zuwa.

A waje Al'amin ya karɓi yaron. "Ni kika kai jastis, Hussai?"

"Da ban kai ka ba, yaushe zan gan ka?"

Haƙurin mako biyu ya tsare auren nan. Da an yanke ranar farko, da an raba masoya kan hatsin da ke rumbu. Duk mai raba gardama, a kotu ko a zaure, kada ya buɗe baki sai ya ji kowa daga bakinsa.