Jan Abin Hannu na Gado na Shida

Akwai wata yarinya da zazzaɓi ya kwantar a asibiti. Gadonta na biyar, a ɗakin yara. Yarinyar nan akwai rawar kai. Ko tana kwance, idonta na kan kayan mutane.

A makon ne asibitin ya fara wani sabon tsari. Kowane majiyyaci ana sa masa abin hannu na roba mai ɗauke da sunansa. Kafin a ba shi magani, sai an duba abin hannun, kuma a tambaye shi sunansa da bakinsa.

Babbar nas, wadda yara ke kira Iya, ba ta son tsarin.

"Shekara ashirin ina aikin nan," in ji ta. "Yarana da fuska na san su. Wace roba ce za ta koya mini aiki?"

Abin hannun yarinyar fari ne. Na maƙwabciyarta ta gado na shida, wadda ake kira 'Yar Shiru, ja ne wur. Za a yi wa 'Yar Shiru aiki a ciki.

"Iya, me ya sa nata ja ne?"

"Akwai allurar da jikinta ba ya so. Irin wadda ake miki da ƙarfe huɗu. In aka yi mata, numfashinta zai iya tsayawa. Ke dai kwanta."

Ina! Maganar ta shiga ta kunnen dama ta fita ta hagu. Ita dai jan take so.

Da rana Iya ta tashi daga aiki, wata sabuwar nas ta karɓe ta. Mama, mahaifiyar yarinyar, ta tafi ɗebo ruwa. 'Yar Shiru na barci, kakarta ma na gyangyaɗi. Ciwo ya ramar da yaran, hannuwansu sun zama sirara. Yarinyar ta zare jan a hankali, ta zura wa 'Yar Shiru farin, ita kuma ta sa jan.

Sai hadari ya haɗo. Ɗakin ya yi duhu, labule na motsi shi kaɗai. Can ta ji ƙarar taya daga nesa. Ƙii, ƙii, ƙii.

Wani dogon mutum ne ya turo gado, bakinsa a rufe da ƙyalle. Ya ɗaga hannunta, ya karanta. Bai tambaye ta komai ba.

"Hau," ya ce.

Tsoron faɗa ya hana ta magana. Ta hau.

Suka bi wani dogon lungu, babu kowa. Fitila ɗaya ce, tana kawowa tana ɗaukewa. Sanyi na ƙaruwa, warin magani na hawa kai. Ta waiga tana neman Mama, ba ta gan ta ba. Wallahi ba ta taɓa jin tsoro irin wannan ba.

Wata ƙofa ta buɗe. Mutane huɗu cikin korayen kaya suka sunkuyo kanta. Babu fuska, idanu kawai. A gefe ga ƙarafa a jere suna sheƙi.

"Kowa ya dakata," in ji wata murya. Likita ce. Ta kama hannun yarinyar. "'Yata, faɗa mini sunanki."

Yarinyar ta ɗaga kai. Agogon bango ya nuna huɗu saura minti biyu. Ta tuna da allurar ƙarfe huɗu.

"Ba ni ba ce!" ta fashe da kuka. "Musanyawa na yi! Likita, za a yi mata allurata!"

Likita ba ta tsaya faɗa ba. Ta sungume ta, suka fita da gudu.

Suna shiga ɗakin, ga sabuwar nas tsaye a gado na shida, allura a hannu. Yarinyar ta rufe ido.

"Ban yi ba," in ji nas ɗin. "Na ga fari a hannunta, na zaci an sauya musu gado ne. Sai na tashe ta na tambayi sunanta. Sunan bai zo ɗaya da na robar ba."

'Yar Shiru na zaune tana murza ido, tana numfashi lafiya lau.

Mama ta iso ta ji labari, ta juyo kan yarinyar.

"Saboda kwalliya? Ran mutum fa!"

"Ku yafe mini, Mama. Ba zan ƙara ba."

Yarinyar ta mayar da jan da hannunta, ta roƙi 'Yar Shiru da kakarta gafara.

Washegari Likita ta tara ma'aikata. Mai tura gado ya sunkuyar da kai, ya ce shi ma ya tsallake tambaya.

"Ni na san fuskokinsu," in ji Iya. "Amma ba kullum nake nan ba. Robar nan ta zauna."

Aka kawo sababbin robobin hannu masu maɓalli, waɗanda ba sa zaruwa. Aka yi wa 'Yar Shiru aikinta, ta fara warkewa. Tambayar suna ta zama jiki, kamar wanke hannu.

Ranar sallama Iya ta kawo maganin ƙarshe.

"Sunanki?"

"Haba Iya! Kin fa san ni."

"Na san ki sarai, sarkin rawar kai. Shi ya sa nake tambaya."

Yarinyar ta yi dariya, ta faɗi sunanta da ƙarfi. Ta gane cewa dokar asibiti ba abin wasa ba ce. Ko ƙarama ce, an sa ta ne don ta tsare rai, kuma sai kowa ya bi ta kullum take aiki.