Tsarkiya a Wuyan Tasalla

Bayan sallar isha'i Barau ya fara jin ƙarar. Yana tsakar gida yana goge farantan hasken rana da aka kawo masa gyara, sai wani siririn sauti ya riƙa fitowa daga ɗaki, kamar an kulle sauro a kwalba an koya masa waƙa. Ya leƙa. Matarsa Tasalla tana barci, bakinta a rufe ruf, amma maƙogwaronta sai motsi yake, waƙa tana fita ta hanci.

Ya taɓa ƙafarta. "Ke, yau kuma kyauta ake yi mana wasan?"

Ta tashi dafe da wuya. "Wallahi ba ni ba ce, Maigida. Abin nan ne."

A Kano ta wancan zamani, inda a-daidaita-sahu ke gudu a sama bisa layin maganaɗisu, injuna kuma suna dama fura a bakin titi har su tambaye ka ko a ƙara nono, ɓarayin waƙa ne kaɗai suka gagari masana. Mawaƙi ya saki waƙa da safe, kafin azahar an kwafe ta ana turawa a kasuwa. Sai wani kamfani ya fito da tsarkiya, wata 'yar waya da ba ta kai ƙwayar shinkafa ba, ana dasa ta a maƙogwaron mawaƙi. Ba a ajiye waƙar a ko'ina, balle a sace. Duk wanda ya danna ta a wayarsa, kira ne zai tafi wuyan mawaƙin, tsarkiya ta ɗebo muryar daga can ta kawo. An ce mai ita ba zai ji komai ba sai ɗan ƙaiƙayi.

Tasalla da wani mawaƙi, Lawandi ɗan Kurna, su suka fara gwadawa. Tare suka rubuta waƙar, suka sa mata suna Jira Ni a Gada. Shi ya ba da baiti, ita ta amsa. Don haka aka ɗaure tsarkiyoyinsu da juna: tata ba ta motsi sai tasa ta kira ta.

Waƙar ta karɓu fiye da yadda kowa ya zata. Gidan biki ita, tasha ita, har injin damun furar nan an ji yana kwaikwayonta. Kamfanin da mutane 'yan kaɗan ya yi gwaji. Bai taɓa tunanin gari guda zai danna a lokaci ɗaya ba.

Ƙaiƙayi ya zama tari, tari ya zama waƙa. Tasalla tana tsakiyar gaisawa da surukarta sai baiti ya ƙwace mata. Loma ba ta wucewa sai ta faki tsakanin amshi da amshi. Abin da ya fi sa ta kuka shi ne sallah: ta tayar, waƙar ta shigo, ta sallame ta sake, har lokaci ya fita. Ta rame, in ta tofar da yawu da jini a ciki. Maganar kirki ta gagare ta, sai nuni da hannu.

Barau ya kai ta kamfanin. Injiniyan da ya duba ta bai yarda ya haɗa ido da su ba.

"Ku kashe waƙar mana," in ji Barau.

"Ba ta wurinmu, Malam, tana wuyansu. In muka zare tata alhali ta Lawandi tana kira, maƙogwaronta zai yage. Sai dai su zo tare, ko kuma tasa ta yi shiru."

Barau ya kira Lawandi a waya. Muryar ta dusashe, amma tsiyar tana nan.

"Yaya Barau, a bari watan bukukuwa ya wuce mana. Shekara nawa ina waƙa kaji ne kawai ke saurarona? Yanzu da..." Sai baitin ya shaƙe shi, ya rera shi har ƙarshe. A gefen Barau, Tasalla ta amsa, hawaye na zuba.

"Ka ji abin da kake yi mata?"

"Na ji, Yaya. Ranar Asabar zan zo in sha Allahu."

Bai kai Asabar ba. Ranar Alhamis da hantsi ya kai kofin ruwa baki, kira ya shigo, ruwan ya sarƙe shi. Kafin a kai shi asibiti rai ya yi halinsa.

Labari ya zaga gari, mutane suka ajiye wayoyinsu don jimami. Barau ya tafi jana'iza tare da maƙwabcinsa, Baba Inuwa mai gyaran famfo. Kamar yadda aka saba, ba a ɓata lokaci ba: wanka, likkafani, sallah, kafin la'asar an dawo daga maƙabarta. A hanya Barau yana ta istigfari, don ya kama zuciyarsa tana jin sanyi. Tsarkiyar Lawandi ta yi shiru ke nan. Gobe da sassafe za a cire ta Tasalla.

Ya tarar da ita zaune a tabarma tana shan kunu, ba tari.

"Maigida," ta ce, da 'yar muryar da ta rage mata, "ka ga na shanye duka."

Ya zauna kusa da ita. Matan maƙwabta suka shigo yi mata gaisuwa, Baba Inuwa ya tsaya daga bakin zaure yana cewa a dafa mata zuma da citta.

Dab da magariba wata tashar rediyo ta ce a tuna da marigayi. Daga gidan da ke bayansu wani ya danna waƙar. Aka ji kiɗan ya taso, ya zo daidai inda namiji ke shiga. Barau ya riƙe numfashi yana jiran wurin ya wuce fayau.

Muryar Lawandi ta fito. Ƙasa-ƙasa take, a toshe, kamar mai magana da mayafi a baki, amma ko kalma ɗaya ba ta ɓace ba.

Kwanon kunun ya suɓuce daga hannun Tasalla. Ta danne wuyanta da hannu biyu, ta dubi mijinta, amshin ya fito ta tsakanin yatsunta. Can wani gida ya kunna, wani ma ya kunna, har unguwar ta ɗauka.

Baba Inuwa ya tako cikin gidan ba sallama, hularsa a hannu.

"Barau," ya ce, "da aka yi wa yaron nan wanka, akwai wanda ya cire masa abin daga wuya kuwa?"