Yatsan Mara Lafiya

Ranar da matar marigayin ta je banki biyan kason ƙarshe na bashin gidansu, sai aka ce mata da saura. Wata takwas da suka wuce an sabunta bashin zuwa shekara goma sha biyar, an kuma karɓi ƙarin kuɗi a kan gidan. A ƙasan takardar akwai dangwalen yatsan mijinta.

Da ta kai ƙara wurin 'yan sanda, Sufeto ya duba kwanan watan, ya ɗago kai. "Ina maigidan yake a wannan rana?"

"Yana gadon asibiti, ranka ya daɗe. Shanyewar jiki. Ko sunana ba ya iya kira."

Sufeto ya fara da ɗanta, direban babbar mota, wanda aka ce hannunsa ba ya riƙe kuɗi.

"Ni zan cuci Baba?" in ji shi, idonsa jajur. Rajistar kamfaninsu ta nuna sati uku yana kan hanya a lokacin. Sufeto ya sallame shi.

Jami'in bashi na bankin kuwa gumi ya dinga sharewa. "Ta intanet aka turo takardun, da wasiƙar likita."

"Ka je ka ga mai gidan da idonka?"

"Ban je ba."

"Ina kuɗin suka shiga?"

"Wani sabon asusu, da sunan marigayin."

Sakaci ne, amma ko sisi bai shiga aljihunsa ba. Sufeto ya karɓi bayanan asusun, ya bi su layi-layi da bakin biro. Kuɗin farko da suka fita, asibiti aka biya da su. Ya koma wurin matar.

"Wa ya biya kuɗin jinya?"

"Ƙanin mijina, Allah ya saka masa. Shi ya ɗauke mana komai, har zaman jinya in na koma gida."

Sufeto ya wuce asibiti, ya karɓo rasit ɗin kuɗin jinyar.

Ya sami ƙanin a sabon shagonsa na tayoyi, ya ajiye masa rasit a kan tebur.

"Kai ka biya wannan?"

"Ni ne. Yayana ne ai."

"Da wane katin banki?"

Sufeto ya ɗora yatsa a kan takardar.

"Lambar katin tana jikin rasit," in ji Sufeto. "Na asusun da aka zuba kuɗin gidan ne. Kai ke zama da shi duk lokacin da matarsa ta koma gida wanki. Ka kama yatsan mutumin da ba ya iya cewa a'a, ka dangwala. Kashi ɗaya ka kai asibiti, sauran ga shi nan jibge, ya zama tayoyi."

Da Sufeto ya kai wa matar labari, a ƙofar gida ta tsaya, ba ta yi kuka ba.

"To gidan fa?"

"Sai abin da kotu ta ce."

"Ranar da aka binne mijina," ta ce, "a gaban jama'a na durƙusa na yi wa mutumin nan godiya."