Ƙofar da Ba Ta Buɗewa

A aji shida akwai wata yarinya da ake kira 'Yar Fenti, don hannunta ba ya rabo da fenti. Mamanta mai tsara ɗakunan fim da na talabijin ce. Ita ke haɗa ɗakin da ake gani a allo, tun daga bango har kujera.

Wata rana gidan talabijin ya gayyaci ajinsu su yi wasan kwaikwayo kai tsaye. Malama ta ba 'Yar Fenti aikin haɗa ɗakin wasan, wato shagon wani tela. Ta miƙa mata takardun labarin, ta ce ta karanta tukuna.

Ina! Ta cusa su a jaka. Shagon tela ne ba ta sani ba? Kwana uku tana fama da kwali da buroshi. Ta zana taga, ta zana shuɗiyar ƙofa har da mariƙi, kai ka rantse ta gaske ce.

Ana gobe wasan aka yi gwaji. Yaron da ya fito a tela ya zabura zai fita, kamar yadda labarin ya ce. Ya tura ƙofa, sai bangon gaba ɗaya ya kife da shi. Aji ya kwashe da dariya, ban da Malama.

"Kin karanta labarin kuwa?"

"A'a, Malama."

Malama ta ce a shirin kai tsaye ba a cewa a sake. In ɗakin bai gyaru ba kafin gobe, farin labule za a rataya, a jingine kwalinta gefe.

Kunya ta ishe ta. Da kuka ta isa gida, ɗauke da kwalinta.

"Share hawayenki, ɗauko takardun," in ji Mama. "Ni ko buroshi ba na taɓawa sai na karanta labari sau uku. Ɗakin nan ba hoto ba ne, 'yata. Mutane za su shiga su fita."

'Yar Fenti ta ce wallahi ba za a rataya labulen nan ba. Ta zauna da fensir tana karantawa. Ashe sau huɗu ake buɗe ƙofar. Ashe har ƙusa ake bukata, inda tela zai rataya almakashinsa.

Ta jawo kwalin tsakar gida. Mama ta ƙi sa mata hannu, baki kawai take sawa. Yarinya ta yanke ƙofa, ta manna gefenta da tef mai kauri, ta tokare bangon da buhunan yashi. Yatsanta ya yi bororo, ba ta tsaya ba.

Washegari aka kunna fitilu, kyamara ta fara ɗauka. Tela ya zabura zai fita. Ya tura ƙofa, ƙofa ta buɗe, ya wuce abinsa. Bango ko motsi bai yi ba.

Da aka gama, Malama ta naɗe farin labulen da ta zo da shi, ta mayar jaka tana murmushi.

Tun daga ranar, 'Yar Fenti ba ta fara aiki sai ta karanta ta gane abin da ake bukata.